Leo Baekeland: Ɗan Mai Gyaran Takalmi Da Ya Buɗe Zamanin Roba

Ranar da editan mujallarmu ya tare ni a bakin ɗakin karatu ya ce lallai in kawo tarihin wani shahararren mutum kafin mu yi sallama da makaranta, na san da yawanku za ku sa ran ganin sarki, ko shehin malami, ko ɗan siyasa. To ku yi haƙuri, Bature na kawo muku, haifaffen ƙasar Beljiyam, wanda ya bar duniya tun 1944. Ni kaina ban taɓa jin sunansa ba sai bana, kuma wani ɗan baƙin abu da bai kai girman goro ba ne ya haɗa mu.

Ga yadda aka yi. Furojet ɗina na kammala difloma a kan ledar fiya wata yake: a narka ta, a cuɗa da yashi, a zuba a abin buga bulo, a ga ko za ta ba da intalok mai ƙwari. A hutun da ya wuce na kafa rabin ganga a bayan gidan kawuna a Tudun Wada, Gusau, na sayi leda buhu biyu a hannun yaran jari-bola, na hura wuta. Ledar ta narke ta koma kamar kwalta. Ina cikin juyawa sai na ji ƙarfen hannuna yana karo da wani abu. Da na tsamo shi, sai ga ɓallin tsohuwar holda, irin baƙin mazaunin ƙwan lantarkin nan na gidajen da. Ya sha wutar da ta narkar da komai, amma ko lanƙwasa bai yi ba. Gefensa kawai ya ɗan babbake, yana wani wari kamar na maganin asibiti.

Da muka dawo hutu na kai wa malamin da ke duba aikina. Ya jujjuya shi, ya yi dariya, ya ce abin da muke haɗawa gaba ɗaya mu kira roba gida biyu ne, akwai mai narkewa akwai wadda ba ta narkewa, kuma ba zai sa hannu a babi na biyu ba sai na je na karanta labarin wanda ya ƙirƙiro wannan baƙar. Haushi na ji a ranar, wallahi. Amma ga abin da na samo.

Ɗan baduku a Ghent

An haifi Leo Hendrik Baekeland ranar 14 ga Nuwamba, 1863, a birnin Ghent na Beljiyam. Mahaifinsa mai gyaran takalmi ne, mahaifiyarsa kuwa aikatau take yi a gidajen masu hali. A nan na tsaya na sake karantawa, don ni ma ɗan baduku ne. Babana yana nan a Tsafe, a rumfar da ya gada, da basilla da fata da zare. Uban Leo ya so yaron ya zauna ya koyi sana'ar gida, uwar ta dage sai ya yi karatu. A gidanmu ma haka aka yi, kuma da kuɗin adashen Inna aka biya mini rajistar farko.

Leo bai fara da jami'a ba. Darasin yamma ya riƙa zuwa a makarantar koyon fasaha ta birninsu, wato dai irin tamu, kuma a can ya fara sanin ilimin sinadarai. A 1880 hukumar birnin Ghent ta ba shi tallafin karatu ya shiga jami'a. A 1884 ya karɓi digirin dakta yana da shekara 21. Ni ga ni da 22 ina kokawa da babi na biyu, amma kowa da tasa ranar.

Ya koyar a garin Bruges, sannan ya dawo Jami'ar Ghent. A watan Agusta na 1889 ya auri Céline Swarts, ɗiyar farfesan da ya koyar da shi. Hanyar zama babban malami ta buɗe masa, sai dai hankalinsa yana kan abin da za a ƙera a kai kasuwa. Tun yana yaro yake son ɗaukar hoto, har ya gwada kafa ɗan kamfanin kayan hoto a Beljiyam, bai yi nasara ba. A wannan shekara ta 1889 ya samu tallafin ziyarar jami'o'in waje, ya ɗauki amaryarsa suka bi ta Ingila suka wuce Amurka. A New York wani farfesa na Jami'ar Columbia, Charles Chandler, ya ba shi shawara ya zauna. Ya zauna ɗin.

Takardar hoto

Shekara biyu ya yi yana aiki a wani kamfanin kayan hoto mai suna E. and H.T. Anthony. A 1891 ya ajiye aikin ya koma cin gashin kansa. Nan fa ya gane kurensa. Ya ɗauko bincike iri-iri a lokaci guda, babu wanda ya kai ƙarshe, kuɗi suka ƙare, bashi ya hau kansa, ga ciwo ya kwantar da shi. A kwance ya yanke shawarar watsar da sauran ya riƙe guda ɗaya, wanda ya fi kusa da kawo kuɗi.

Wanda ya riƙe takardar wanke hoto ce. A wancan zamani mai hoto yakan jira hasken rana kafin ya fitar da hoto a takarda, in hadari ya taso aiki ya tsaya. Baekeland ya haɗa wata takarda da ake iya aiki da ita da hasken fitila, dare ko rana, ya sa mata suna Velox. A 1893 shi da wani mai jari, Leonard Jacobi, suka kafa kamfanin Nepera Chemical a garin Yonkers, kusa da New York. Shekarar ta zo da karayar tattalin arziki a Amurka, kuma ƙwararrun masu hoto ba su yi saurin karɓar takardar ba. Masu ɗaukar hoto don sha'awa ne suka raya kasuwarta. A 1899 George Eastman, mai kamfanin Kodak, ya saye Nepera a kan dala 750,000. Kason Baekeland ya kai wajen dala 215,000, da sharaɗin ba zai sake taɓa binciken kayan hoto ba har shekara 20.

Yana da shekara 35, ga kuɗin da zai iya kwanciya ya ci har ya mutu. Sai ya sayi gida a Yonkers, ya gina ɗakin gwaje-gwaje a harabar, ya shiga neman sabon aiki. A tsakanin nan ya taimaka wa wasu da ke son kafa masana'antar fitar da soda da sinadarin kulorin daga ruwan gishiri a Niagara. Aikinsa shi ne gina ƙaramar masana'antar gwaji kafin a zuba kuɗi a babbar. An san shi da wannan aƙida har ƙarshen rayuwarsa, cewa mutum ya yi kurakuransa a ƙaramin aiki, riba kuma ya neme ta a babba.

Ƙwaron Indiya da tukunyar ƙarfe

A farkon shekarun 1900 lantarki yana bazuwa a Turai da Amurka, kuma duk inda waya ta bi ana buƙatar abin da zai tare wuta kada ta kama mutum ko ta tsallaka inda ba a so. Ɗaya daga cikin abubuwan da ake amfani da su shi ne shalak. Ku ɗauke shi kamar ƙaro, sai dai shi wani ɗan ƙwaro ne ke fitar da shi a rassan itatuwa a Indiya da maƙwabtanta, a kankaro a tace. Dubban ƙwari ne ke tara ɗan kaɗan, buƙata kuwa kullum ƙaruwa take yi, kuɗinsa na ta hawa. Baekeland ya ga kasuwa a nan. Bai ɓoye ba, da aka tambaye shi daga baya abin da ya kai shi wannan fage, ya nuna cewa neman kuɗi ne.

Sinadarai biyu ya ɗauko. Na farko fenol, wanda ake samu daga kwaltar gawayin kwal, shi ne mai warin asibitin da na ji a bayan gidan kawu. Na biyu fomaldihaid, wanda 'yan lab suka sani a cikin ruwan fomalin da ake jiƙa kwaɗi da ƙadangaru. Ba shi ya fara haɗa su ba. Tun 1872 wani Bajamushe, Adolf von Baeyer, ya haɗa su ya ga sun ba da wani dunƙulen ƙazanta mai tauri da ba ya narkewa, ba ya wankuwa daga kwalba. Masana da dama sun biyo baya, yawancinsu suka ɗauke shi ɓarnar kayan aiki.

Baekeland da mataimakinsa Nathaniel Thurlow suka zauna wa abin. A canza awo, a canza zafi, a sa asid, a sa alkali, kowane gwaji a rubuta shi a littafi da kwanan wata. Abin da suka fara samu, mai suna Novolak, bai yi kasuwa ba. Babbar matsalar ita ce, idan haɗin ya ji wuta yakan fitar da ruwa da iska, ya yi kumfa, ya daskare da ramuka kamar soso, ya zama marar amfani. Waɗanda suka gabace shi rage wuta suke yi don gudun kumfar. Shi kuwa sai ya ƙara wutar, ya rufe haɗin a cikin wata tukunyar ƙarfe mai siffar ƙwai, ya matsa masa iska da ƙarfi yadda kumfar ba ta da wurin tashi. A 1907 ya buɗe tukunyar ya samu abu mai tauri, sumul, wanda ya ɗauki siffar mazubin da aka sa shi, wuta ba ta narka shi, lantarki ba ya ratsa shi. Ya sa masa suna Bakelite, daga sunansa. Ita ce roba ta farko da aka haɗa daga sinadarai zalla, ba daga ɗanyen ƙaron itace ko auduga ba. Tukunyar tana ajiye yau a gidan tarihi na Smithsonian a birnin Washington.

Da na zo bayanin dalilin da ya sa ba ta narkewa, kakata ta wajen uwa na tuna, a Bungudu, wadda ta yi ginin tukwane har ƙarfinta ya ƙare. Yumɓu ɗanye, ko ya bushe, in ka jiƙa shi zai koma laka ka sake gina wani abu. Amma ranar da aka gasa tukunya, magana ta ƙare, sai dai ta fashe ta zama katanga. Haka Bakelite take. Zafi yana sa ƙwayoyinta su sarƙe da juna ta kowane ɓangare, su zama raga guda, ba mai kwance su. Leda da bokiti kuwa kamar kakin zuma suke, ƙwayoyinsu dogayen zare ne da ke kwance gefe da gefe, in sun ji zafi su saki, in sun huce su kama. Gida biyun da malamina ya faɗa ke nan.

Kamfani

A watan Yuli na 1907 ya shigar da takardar neman haƙƙin mallakar ƙirƙirarsa, aka ba shi ranar 7 ga Disamba, 1909. Wani injiniya ɗan Birtaniya, James Swinburne, da ke irin wannan bincike, ya kai tasa takardar ofishin Landan ya tarar Baekeland ya riga shi da kwana ɗaya tak. A watan Fabrairu na 1909 Baekeland ya bayyana abin a gaban taron masana sinadarai a New York. A 1910 ya kafa General Bakelite Company, da masana'anta a Perth Amboy ta jihar New Jersey, aka kuma fara sarrafa ta a Erkner kusa da Berlin a Jamus.

Masu kwaikwayo suka taso, ya kai su kotu ya yi nasara. Abin da ya burge ni shi ne bai tsaya murƙushe su ba. A 1922 ya haɗe da manyan abokan hamayyarsa biyu, Condensite da Redmanol, suka zama Bakelite Corporation. Swinburne ɗin da aka riga da kwana ɗaya ma shi ya zama shugaban kamfanin Bakelite na Ingila daga baya.

Yawancin cinikin kamfanin ba kayan da aka gama ba ne. Garin roba da ruwanta yake sayar wa wasu masana'antu, sau da yawa a cuɗe da garin katako don ƙarin ƙwari, su kuma su matsa a mazubi su fitar da abin da suke so. Da ita aka yi murfin distirbuto na mota, da akwatin rediyo, da baƙar wayar tarho, da fulogi da soket da makunnin wuta, da mariƙin tukunya da na dutsen guga, har maɓallin riga da duwatsun wuya. Tambarin kamfanin harafin B ne a saman alamar nan ta lissafi mai nufin abin da ba ya da iyaka. A watan Satumba na 1924 mujallar Time ta sa hotonsa a bangonta, kuma a shekarar ce ya shugabanci ƙungiyar masana sinadarai ta Amurka.

Bakelite tana da nata rauni. Launinta baƙi ne ko ruwan ƙasa, in ta faɗi da ƙarfi takan fashe. Wajen 1927 wa'adin haƙƙin mallakarsa ya ƙare, kowa ya samu damar yi. Sannan 'yan ɗaya gidan suka iso: a 1933 ma'aikatan kamfanin ICI a Ingila suka gano foliyetilin, uwar ledar da muke fama da ita, a 1935 kuma kamfanin DuPont a Amurka ya haɗa nailan. Su ne masu sauƙi, masu launi, masu arha. Amma har gobe dangin Bakelite na nan a mariƙin kasko, a birkin mota, a gam ɗin da ke riƙe falankin filawud, da allon ruwan ƙasa da ke cikin ƙaramar rediyo.

Ƙarshensa

A 1939, yana da shekara 75, ɗansa George bai nuna sha'awar karɓar ragama ba, sai ya sayar da kamfanin ga Union Carbide ya yi ritaya. Ya koma gidansa na Coconut Grove a jihar Florida, ya janye daga mutane, attajiri guda yana cin abincin gwangwani shi kaɗai. Ya mutu ranar 23 ga Fabrairu, 1944, a wani gidan jinya a garin Beacon na jihar New York, yana da shekara 80. A lokacin ana sarrafa Bakelite kimanin tan 175,000 a shekara a duniya, ana amfani da ita a kaya sama da iri 15,000, shi kuma ya bar takardun mallakar ƙirƙira fiye da 100.

Kamfanin da ya saye nasa ya shiga tarihi ta mummunar ƙofa. A watan Disamba na 1984 iska mai guba ta tsere daga masana'antar maganin ƙwari ta Union Carbide a Bhopal ta Indiya, ta kashe dubban mutane. A 2001 kamfanin Dow Chemical ya haɗiye shi.

Mu fa?

Ƙofar da wannan ɗan baduku ya buɗe ta iso har rumfar babana. Baekeland bai yi silifa ba, amma zamanin da ya fara ne ya kawo ta. Da can ana layin ɗinkin takalmin fata in salla ta matso. Yanzu yawancin aikin Baba liƙe tsinkakkun takalman roba ne. Tulun kakata ya ba jarka wuri, butar roba ta kori ta ƙasa, tabarmar kaba ta zama ta masu sha'awa, gyartai kuwa yaran yanzu ko sunansa ba su sani ba.

Ba zan zagi roba ba, don na san abin da ta yi wa talaka. Yarinyar da ke ɗebo ruwa ba ta tsoron fasa jarka, allurar asibiti sau ɗaya ake amfani da ita a yar, kuma da kuɗi kaɗan uwa za ta haɗa wa ɗiyarta bokitai da robobin ɗaki. Sai dai duk wanda ya ga magudanan ruwan Gusau bayan ruwan farko na damina ya san kuɗin da muke biya. A gonakin bakin gulbi a Bungudu fartanya leda take tonowa, mahauta kuma sun saba ciro ta a tumbin akuya. Ana yin ƙwayar robar a Eleme ta jihar Ribas, ana narka ta a zuba a masana'antun Sharaɗa da Bompai a Kano, motoci su biyo ta Funtuwa da Tsafe su sauke mana. Namu saye da zubarwa. Masaƙar da Gusau ke taƙama da ita ta daɗe a rufe, mu kuma ga mu za mu fito da difloma, ana ta yi mana gorin ba digiri ba ce.

Ni dai abin da na ɗauka a labarin mutumin nan littafin rubutu ne. Bulo shida na buga a Tudun Wada, huɗu suka tsage, kuma da malamina ya tambaye ni awon leda da na yashi a biyun da suka tsira, shiru na yi, don da ido na zuba. Baekeland ya tarar da ƙazantar da manyan masana suka yar fiye da shekara 30, ya bi ta da awo da rubutu har ta ba shi abin da yake nema. Yanzu na ari sikeli a lab, na sayi littafi mai bango mai tauri, kowane zubi da lambarsa da awonsa da minti nawa ya yi a wuta. Ina tsince duk wani baƙin ɓalli kafin in zuba leda a ganga. Hayaƙi ne ya rage mini, don matar kawu ta riga ta yi mini iyaka da bayan gidanta, kuma tana da gaskiya.

Makon jiya na bi ta Tsafe na nuna wa Baba bulo mai lamba 14, wanda ya fi kowane kyau. Ya ƙwanƙwasa shi da gindin basilla, ya auna nauyinsa a hannu, ya daɗe bai ce komai ba. Can sai ya tambaye ni, in an rage yashin aka zuba shi falle-falle, ko zai yi dundunniyar takalmi, don wadda yake saye daga Kano ta yi tsada. Na rubuta tambayar a shafi na gaba, na yi masa alkawarin gwadawa da zarar mun kare furojet.

'Yan ajinmu, Allah ya ba mu sa'ar fita lafiya. Ƙannenmu na shekarar farko, ganga tana nan a wajen mai gadin lab, wanda ke so ya ɗora daga inda na tsaya ya neme ni kafin ƙarshen zango.